Ronald Ross

Sir Ronald Ross (13 ga Mayu 1857 – 16 ga Satumba 1932) likita ne ɗan Birtaniya wanda ya tabbatar da cewa sauro ne ke yaɗa cutar maleriya. Ya samu kyautar Nobel a fannin likitanci a shekarar 1902.

Farkon rayuwa

An haife shi a Almora da ke Indiya, mahaifinsa hafsan soja ne. Ya yi karatun likita a asibitin St Bartholomew a Landan, ya kama aiki a Indiya a 1881.

Bincike

A da Turawa sun ɗauka gurɓatacciyar iskar fadama ce ke kawo cutar, ma'anar kalmar maleriya ke nan a Italiyanci. Sunan Hausa kuwa, zazzaɓin cizon sauro, yana ɗauke da sakamakon binciken Ross ne. Alphonse Laveran ya riga ya ga ƙwayar cutar a jinin majiyyaci a Aljeriya a 1880, amma ba a san ta inda take shiga jiki ba. Patrick Manson ne ya ba Ross shawarar ya duba sauro.

Ranar 20 ga Agusta 1897, a Secunderabad, ya feɗe wata sauro da ta sha jinin mai zazzaɓi, ya ga ƙwayar a jikin tumbinta. Shi ya sa ake Ranar Sauro ta Duniya a wannan rana. A 1898 a Kalkata ya yi gwaji da tsuntsaye, ya nuna ƙwayar tana wucewa zuwa yawun sauro, daga nan ta shiga jini idan ta yi cizo. Giovanni Grassi na Italiya ne ya nuna haka a jikin mutum, kuma Ross, wanda ba shi da haƙurin raba yabo, ya daɗe yana rigima da shi.

Afirka ta Yamma

Ya je Saliyo a 1899, ya nemi a cike kududdufai. Lissafinsa ya nuna ba sai an kashe sauro duka ba, idan yawansa ya ragu ƙasa da wani mizani cutar za ta ja baya. Sai dai ’yan mulkin mallaka sun fi karkata ga ware unguwannin Turawa, kamar Nasarawa a Kano, aka bar sauran gari da kwatocinsa. Har yau Najeriya ce ke da kusan kashi ɗaya cikin huɗu na masu kamuwa a duniya, kuma asibitocin Kano, har da Asibitin Koyarwa na Malam Aminu Kano da ke Gyaɗi-Gyaɗi a Tarauni, sun fi ganin masu cutar da damina.

Mutuwa

Ya mutu a Landan, an binne shi a maƙabartar Putney Vale.