Kanar Sanders: Dattijon da ya sayar da kamfanin KFC, ya haɗa da fuskarsa

Duk wanda ya taɓa wucewa ta gaban shagon KFC, a Legas ne ko Abuja ko Jidda ko Landan, ya ga hoton wani dattijo mai furfura da ɗan gemu, sanye da tabarau, yana murmushi. Mutane da dama sun ɗauka zane ne kawai na masu talla, kamar yadda aka ƙirƙiri ɗan barkwancin nan mai jan gashi na McDonald's.

Sai dai wannan dattijo ya rayu a zahiri. Sunansa Harland David Sanders, ya shekara 90 a duniya, kuma ya ƙare rayuwarsa yana rigima da kamfanin da ke cin kasuwa da hotonsa.

Marayan da ya fara girki tun yana yaro

An haifi Sanders ranar 9 ga watan Satumban 1890 a wata gona kusa da garin Henryville da ke jihar Indiana a Amurka. Mahaifinsa ya rasu a 1895, abin da ya tilasta wa mahaifiyarsa neman aiki a wata masana'antar tumatirin gwangwani.

Shi ne babba a cikin 'ya'ya uku, don haka kula da ƙannensa da yi musu girki suka dawo kansa tun bai kai shekara goma ba. Bayan mahaifiyarsa ta sake aure a 1902, zama bai yi daɗi tsakaninsa da mijin ba. Ya bar makaranta a aji bakwai, ya bar gida, ya shiga ƙwadago a gonaki.

Daga nan ya shiga jerin sana'o'in da kusan babu wadda ya daɗe a ciki. A 1906 ya ƙara wa kansa shekaru ya shiga soja, aka tura shi Kuba, ya fito bayan 'yan watanni. Ya yi aikin zuba gawayi a injin jirgin ƙasa. Ya karanci shari'a ta hanyar wasiƙa, har ya fara tsayawa a ƙananan kotuna a jihar Arkansas, amma aikin ya ƙare ranar da ya ba hammata iska da wanda yake karewa a cikin kotu.

Ya sayar da inshora, ya kafa kamfanin jirgin fito a kogin Ohio, ya zuba kuɗinsa a harkar ƙera fitilun gas, wadda ta rushe da aka fara sayar da fitilun lantarki a ƙauyuka. Ya kuma yi tallan tayoyin Michelin. Zafin zuciya da saurin hannu sun raba shi da ayyuka fiye da ɗaya.

Gidan mai, da allon tallan da ya jawo kisa

A 1930, lokacin da tattalin arzikin Amurka ya durƙushe, kamfanin Shell ya ba shi wani gidan mai a Corbin da ke jihar Kentucky. Ba ya biyan haya, sai dai ya riƙa ba kamfanin wani kaso na cinikin. Yana da shekara 40.

Gidan man yana bakin babbar hanyar da matafiya ke bi zuwa kudancin ƙasar. Direbobi na tsayawa su sha mai, su tambayi inda za su ci abinci. Sanders ya fara ciyar da su a teburin cin abincin iyalinsa, da soyayyar kaza da nama da ganye.

Tun a lokacin ya gane muhimmancin talla. Ya rubuta tallan gidan mansa da fenti a wani bango a bakin hanya. Wani mai gidan mai da ke gogayya da shi, Matt Stewart, ya riƙa shafe rubutun. A 1931 Sanders da wasu jami'an Shell biyu suka same shi yana shafewa, aka yi musayar wuta. Stewart ya harbe ɗaya daga cikin jami'an har lahira, shi kuma Sanders ya raunata Stewart. Kotu ta ɗaure Stewart kan laifin kisa.

Shekara guda bayan haka Sanders ya rasa ɗansa namiji tilo, wanda ya rasu sakamakon ciwon maƙogwaro.

Yadda ya zama Kanar

Ba a soja Sanders ya samu muƙamin Kanar ba. A jihar Kentucky, Kanar wani laƙabi ne na girmamawa da gwamna ke bai wa wanda ya ga dama, kusan kamar yadda ake naɗa mutum sarauta. Gwamna Ruby Laffoon ne ya ba shi a 1935.

Kasuwa ta buɗe. A 1939 Duncan Hines, marubucin da matafiya ke dogara da littafinsa wajen zaɓen inda za su ci abinci, ya saka gidan abincin Sanders a ciki. A ƙarshen shekarar gobara ta cinye wurin, ya sake gina shi da kujerun mutum 140 da ɗakunan kwanan baƙi.

Babbar matsalarsa ita ce lokaci. Suyar kaza a kasko na ɗaukar kusan rabin awa, matafiyi kuma ba ya jira. Idan ya soya da yawa ya ajiye, wadda ta yi kwantai ta zama asara. Sai ya ɗauki tukunyar nan mai murfin ɗaurewa da ke dafa abinci da ƙarfin tururi, wadda ba ta daɗe da fitowa kasuwa ba, ya gyara ta ta koma ta suya. Kaza ta riƙa nuna cikin 'yan mintuna ba tare da ta bushe ba.

A 1940 ya kammala haɗa kayan ƙamshi iri 11 da yake barbaɗawa a garin da ake tsoma kazar. Har yau kamfanin na ɓoye wannan haɗi, kuma ɓoyewar kanta ta zama talla.

Farar kwat da farin gemu

A 1950 Gwamna Lawrence Wetherby ya sabunta masa laƙabin Kanar. Daga nan Sanders ya yanke shawarar ya yi kama da sunan. Ya tsayar da gemu, ya fara sa baƙar doguwar kwat, daga baya ya koma farar kwat da siririn baƙin laktaye. Ya riƙa rina gemu da gashin baki su yi fari, don su dace da furfurar kansa.

Da farko abokansa cikin zolaya suke kiransa Kanar. A hankali sunan ya bi shi. A shekaru 20 na ƙarshen rayuwarsa, da wuya a gan shi a bainar jama'a da wata shiga ban da wannan.

A 1952 ya ƙulla yarjejeniya da Pete Harman, mai gidan abinci a jihar Utah: Harman zai riƙa soya kaza da haɗin Sanders, ya biya shi 'yan centi kan kowace kaza. Wani mai rubutun allon talla da Harman ya ɗauka, Don Anderson, shi ne ya laƙaba wa abincin suna Kentucky Fried Chicken, wato soyayyar kazar Kentucky. A wurin mutanen Utah, sunan na tuna musu karamcin mutanen kudu. Harman ne kuma ya fara zuba kazar a bokitin kwali a 1957.

Talauci a shekara 65

A tsakiyar shekarun 1950 aka tsara sabuwar babbar hanya mai lamba 75, wadda ta kauce wa Corbin. Motoci suka ragu, ciniki ya faɗi. Sanders ya yi gwanjon wurin, kuɗin suka tafi a biyan bashi. Abin da ya rage masa shi ne ɗan abin da ya tara da fanshon gwamnati na dala 105 a wata.

A shekarun da tsaransa ke zaman hutu, ya loda tukunyarsa da ƙunshin kayan ƙamshi a mota ya shiga gari gari. Yakan shiga gidan abinci, ya roƙi a bar shi ya soya wa mai wurin da ma'aikatansa kaza. Idan ta yi musu, a ƙulla ciniki. Sau da yawa a bayan motar yake kwana. Matarsa ta biyu, Claudia, wadda ya aura a 1949, ita ke haɗa kayan ƙamshin a gida tana aika wa abokan hulɗa.

Cikin waɗanda suka yi aiki da shi a lokacin akwai wani matashi, Dave Thomas, wanda ya kawo dabarar kafa ƙaton bokiti mai juyawa a saman shago, ya kuma ƙarfafa amfani da fuskar Kanar a talla. Thomas ne daga baya ya kafa Wendy's a 1969, ya sa wa kamfanin laƙabin 'yarsa.

Zuwa 1963 shagunan da ke sayar da kazar Sanders sun haura 600 a Amurka da Kanada.

Cinikin dala miliyan 2

Harkar ta fi ƙarfin mutum ɗaya mai shekara 73. A 1964 ya sayar da kamfanin kan dala miliyan 2 ga wasu masu zuba jari ƙarƙashin wani matashin lauya, John Y. Brown Jr., da attajiri Jack Massey. Ya riƙe harkar Kanada, sannan aka yanka masa albashi a matsayin jakadan kamfanin.

Brown ya gane cewa dattijon kansa ya fi kazar daraja a kasuwa. Aka shiga kai shi shirye-shiryen talabijin, aka buga fuskarsa a kan kowane bokiti, ya riƙa yawo ƙasa ƙasa yana buɗe sababbin shaguna. A daidai lokacin ne McDonald's ke tallata ɗan barkwancinsa Ronald, wanda ya fara fitowa a talabijin a 1963. Bambancin shi ne ana iya canza wanda ke sa kayan Ronald, kuma ba ya faɗin komai sai abin da aka rubuta masa. Kanar kuwa mutum ne mai baki.

A 1971 aka sayar da kamfanin ga Heublein, mai harkar barasa da kayan abinci, kan kuɗin da ya haura dala miliyan 270, wato ya ninka abin da aka biya Sanders fiye da sau ɗari cikin shekara bakwai.

Rigima da masu hotonsa

Abin da ya fi ƙona masa rai shi ne abincin. Sababbin masu kamfanin sun sauƙaƙa girkin don rage kashe kuɗi da lokaci. Sanders yakan faɗa shago ba sanarwa, ya ɗanɗana, idan bai yi masa ba ya zazzaga wa ma'aikata faɗa, wani lokaci ya ture abincin ƙasa. Ya shaida wa 'yan jarida cewa romon da ake zubawa ya koma kamar gam ɗin manna takarda a bango. An kai shi ƙara kan ɓata suna, kotu ta yi watsi da ƙarar.

Da shi da Claudia suka buɗe nasu gidan abincin a Shelbyville, suka yi niyyar yaɗa shi, sai kamfanin ya tare su da hujjar cewa sunan Kanar mallakinsa ne. Sanders ya shigar da ƙarar neman dala miliyan 122, yana zargin ana liƙa hotonsa a kan abincin da bai san da shi ba. An sasanta a wajen kotu kan kimanin dala miliyan 1. Gidan abincin na nan har yau da sunan Claudia.

Duk da haka bai daina fita tallan kamfanin ba. Yana sukar abincin, yana kuma ɗaukar hoto da bokitin, domin sunan da ke jikinsa nasa ne.

Rasuwarsa da abin da ya biyo baya

A watan Yunin 1980 likitoci suka gano yana da sankarar jini. Ya rasu ranar 16 ga watan Disamban 1980 a birnin Louisville. An ajiye gawarsa a ginin majalisar jihar da ke Frankfort don jama'a su yi ban kwana, kuma gwamnan jihar a lokacin shi ne John Y. Brown Jr., mutumin da ya sayi kamfanin daga hannunsa. An binne shi cikin farar kwat ɗinsa a maƙabartar Cave Hill, inda aka binne ɗan dambe Muhammad Ali a 2016. A lokacin akwai shagunan kamfanin kusan 6,000 a ƙasashe 48.

Mutuwa ba ta sallame shi daga aiki ba. A Japan, magoya bayan ƙungiyar wasa ta Hanshin Tigers sun jefa mutum-mutuminsa a wani kogi a Osaka a 1985 yayin murnar nasara. Da ƙungiyar ta shafe shekaru ba ta sake cin kofin ƙasa ba, sai aka riƙa cewa bakin Kanar ne ya kama ta. An tsamo mutum-mutumin a 2009, ƙungiyar kuma ta ci kofin a 2023.

A 1991 aka taƙaita sunan kamfanin zuwa KFC. A 1998 aka mayar da Sanders zanen katun mai rawa a talabijin. Daga 2015 kamfanin ya fara ɗaukar 'yan wasan barkwanci suna sa farar kwat da gemun roba suna kwaikwayonsa, ɗaya bayan ɗaya, har da mawaƙiya Reba McEntire a 2018. KFC ya shigo Najeriya a 2009, inda ya fara da Legas.

Masu yaɗa labaran ƙarfafa gwiwa a Facebook da WhatsApp sukan tsaya a kan dattijon da ya yi arziki bayan shekara 65. Gaskiya ne, ya yi. Amma shekaru 16 da suka biyo bayan cinikin ya yi su ne yana kallon wasu na yanke hukunci kan abin da za a sayar da sunansa, shi kuma ba shi da ta cewa sai faɗa. A kan bokitin dai har yanzu murmushi yake yi.