Tunawa da marigayi Adamu Halilu, wanda ya mayar da Shaihu Umar fim

Yaran yanzu da yawa sun ɗauka fim ɗin Hausa daga kaset ɗin bidiyo na Kano ya faro. To, ba haka abin yake ba. Tun zamanin majigi akwai waɗanda suka share fagen, kuma Alhaji Adamu Halilu yana sahun gaba.

An haife shi a 1936 a Garkida, cikin jihar Adamawa ta yanzu. Ya koyo rubutun fim da tace hoto a Landan da Rum, ya dawo ya kama aiki da gwamnati, yana shirya finafinan wayar da kai irin waɗanda motar majigi ke yawo da su gari-gari. Cikinsu akwai Mama Learns a Lesson na 1963.

Amma aikin da ya fito da sunansa shi ne Shaihu Umar na 1976, daga littafin Sa Abubakar Tafawa Ɓalewa. Labarin yaro ne ɗan Kagara da aka raba da uwarsa zamanin cinikin bayi, aka ƙetara da shi hamada zuwa Masar, ya girma ya zama malami, ita kuwa uwar ta bi sawunsa har ta faɗa bauta. Da Hausa zalla aka yi shi, Umaru Ladan ya fito a matsayin Shaihu, aka kuma nuna shi a bikin FESTAC na 1977 a Legas. Bayansa Halilu ya yi Kanta of Kebbi, ya kuma shugabanci Hukumar Finafinai ta Nijeriya, wadda hedikwatarta ke Jos, nan kusa da mu.

Allah Ya yi masa rasuwa a 2001. A lokacin Shaihu Umar ya riga ya ɓace daga idon jama'a, har ana zaton ya tafi ke nan. Sai a 2016 aka gano faifansa a ma'ajiyar hukumar, cibiyar Arsenal ta Jamus ta gyara shi, aka haska shi a bikin finafinai na Balin a 2018.

Abin tambaya, mu nan Kafanchan da Jama'a da Zangon Kataf, mutum nawa ne suka taɓa kallonsa? Ya kamata makarantunmu su nemo shi, yara su gani.

Allah Ya jiƙan Adamu Halilu, amin.