Oumarou Ganda: ɗan dakon da ya ciwo wa Nijar kyautar farko ta FESPACO

Duk wanda ya san Yamai ya san gidan raya al'adu na CCOG, amma matasa da yawa ba su san mutumin da gidan ke ɗauke da sunansa ba.

An haifi Oumarou Ganda a Yamai a 1935. Yana ɗan shekara 16 ya shiga sojan Faransa, aka tura shi yaƙin Indoshin, yankin da ƙasar Biyetnam take a yau. Da ya dawo gida bai samu aiki ba, sai ya tafi ci-rani Abijan, ya riƙa dako a tashar jiragen ruwa. A can ne ya haɗu da Jean Rouch, Bafaranshen da ke bincike kan 'yan Nijar mazauna Abijan, wanda ya ba shi babban matsayi a fim ɗin Moi, un noir na 1958.

Daga baya ya koma Yamai, ya koyi riƙon kyamara a cibiyar al'adu ta Nijar da Faransa. Fim ɗinsa na farko, Cabascabo, bai kai awa ɗaya ba. Labarin tsohon soja ne da ya dawo da kuɗi, abokai suka taya shi cinyewa, sannan suka watse. An nuna shi a bikin finafinai na Cannes a 1969.

Fim ɗin da ya fi ɗaga sunansa shi ne Le Wazzou polygame, da harshen Zabarmanci. Wani Alhaji ya dawo daga Makka, ya nemi auren Satou a matsayin mata ta uku, alhali an riga an yi wa saurayinta Garba alkawarinta. Ana shirin biki, gida na ta tafasa, har matarsa ta biyu, Gaika, ta ƙudurta kashe amarya. Ganda ya nuna yadda kuɗi da muƙami ke danne yarinya, iyaye kuma su yi shiru. A 1972 fim ɗin ya lashe babbar kyautar FESPACO a Wagadugu, karon farko da aka bayar da ita.

Ya ƙara da Saïtane, kan wani malamin tsibbu mayaudari, sai L'Exilé a 1980. Ya rasu ranar 1 ga Janairu 1981, yana da shekara 45. Har yau FESPACO na ba da kyauta mai sunansa.