ARKIMIDIS, MUTUMIN DA YA AUNA ƘWALLO

Kowane ɗalibin wannan kwaleji ya san yadda a kan yi da babin awon ƙwallo da silinda a darasin lissafi. Malami ya rubuta ƙa'ida a allo, yara su kwafa, su haddace, ran jarrabawa su juye ta a takarda, bayan mako biyu ta bi ruwa. Da wuya ka ji yaron da ya tambayi wanda ya fara gano ta, ko yadda ya yi ya gano ta. To, tun da ya ke mu ma ba da daɗewa ba za mu tsaya gaban allo, na ga ya kamata in ba 'yan'uwana labarin mutumin da ya bar mana wannan gado, watau Arkimidis.

An haife shi wajen shekara ta 287 kafin haifuwar Annabi Isa, a birnin Sirakus da ke tsibirin Sisiliya, kudu da ƙasar Italiya. A zamanin nan Sirakus birnin Yunanawa ne, mai arziki, mai tashar jiragen ruwa, sarkinsa kuwa shi ne Hiyero na Biyu. Uban Arkimidis, Fidiyas, masanin taurari ne, saboda haka yaron ya buɗe ido ya tarar da awo da ƙirga cikin gidansu. A lokacin nan cibiyar ilmi ita ce Iskandariya ta ƙasar Masar, inda Yuklid ya koyar, inda kuma babban ɗakin littattafan nan ya ke. Arkimidis ya yi abota da manyan malaman can, irin su Konon da Dositiyus da Eratostinis. A Sirakus ya zauna, amma in ya gano wani abu sai ya rubuta ya aika musu. Yawancin littattafansa da mu ke da su yau wasiƙu ne zuwa ga waɗannan mutane.

Labarinsa da ya fi yawo cikin makarantu shi ne na kambin sarki, wanda wani magini Barume, Bitirubiyus, ya rubuta kamar shekara 200 bayan rasuwarsa. Sarki Hiyero ya ba wani maƙeri zinariya ya ƙera masa kambi. Kambi ya zo, aka ɗora a ma'auni, nauyi ya cika daidai, amma aka tsegunta wa sarki cewa maƙerin ya rage zinariya ya cike da azurfa. Aka ɗora wa Arkimidis ya binciko gaskiya ba tare da ya narkar da kambin ba. Wai wata rana ya shiga kwamin wanka cike da ruwa, ya ga ruwa na zuba gwargwadon yadda jikinsa ke nutsewa, nan take dabara ta faɗo masa, har murna ta sa ya fita a guje ya manta da tufafinsa. Abin da ya gane shi ne, duk abin da aka nutsar cikin ruwa ya kan ture ruwa daidai girman jikinsa. Zinariya kuwa ta fi azurfa danƙo da nauyi: kilo ɗaya na zinariya ba ya cin wuri fiye da santimita kubik 52, amma kilo ɗaya na azurfa ya kan ci wajen 95. Ke nan kambin da aka garwaya zai ture ruwa fiye da curin zinariya tsantsa mai nauyinsa. Haka kuwa aka ce ya faru, asirin maƙeri ya tonu.

Amma shi kansa ba wannan ne abin da ya fi taƙama da shi ba. Abin alfaharinsa na cikin littafin da ya aika wa Dositiyus a kan ƙwallo da silinda. Bari in shimfiɗa maganar yadda kowa zai bi.

Auna akwati ba wuya, tsawo sau faɗi sau bisa. Silinda ma, watau siffar gwangwani, da sauƙi: a nemi girman filin gindinsa a ninka da tsawonsa. Siffa mai tsini kamar jinkar ɗaki, wadda a aji mu ke kira kon, Yudoksas ya riga ya tabbatar tun kafin Arkimidis cewa cikinta sulusin silinda ne mai gindi da tsawo irin nata. Saura ƙwallo. Shi ba shi da gefe, ba shi da kusurwa, ba inda za a ɗora sandar awo ta kwanta. Fatarsa ma ba ta shimfiɗuwa. Wanda ya taɓa ƙoƙarin miƙe ɓawon lemo a kan tebur ya san sai ya yage.

Arkimidis ya ce a ɗauki ƙwallo a saka cikin gwangwanin da ya yi masa cif, ya taɓa gindi, ya taɓa murfi, ya taɓa jiki ko'ina kewaye. Ya tabbatar da cewa cikin ƙwallon sulusi biyu ne na cikin gwangwanin, filin fatar ƙwallon kuma sulusi biyu ne na dukan filin jikin gwangwanin, a haɗa da gindi da murfi. Ya kuma tabbatar da cewa filin fatar ƙwallo ninki huɗu ne na da'irar da za a gani in an raba shi gida biyu daidai.

Mu gwada da alƙaluma. A ce faɗin ƙwallo santimita 42 ne, rabinsa 21. Filin gindin gwangwani shi ne 22/7 sau 21 sau 21, watau santimita murabba'i 1,386. A ninka da tsawo 42, ciki ya zama santimita kubik 58,212. Sulusinsa 19,404, wannan shi ne cikin kon. Sulusi biyu 38,808, wannan shi ne cikin ƙwallo, kusan lita 39. Ku duba yadda su ka jeru: kon kashi 1, ƙwallo kashi 2, silinda kashi 3. Wajen fata kuwa, 1,386 sau 4 ya ba mu 5,544. Kewayen gwangwani 132 ne, a ninka da tsawo 42, sai ga 5,544 ta sake fitowa. Watau takardar da za ta naɗe jikin gwangwani, ban da gindi da murfi, filinta daidai ya ke da fatar ƙwallon. A ƙara gindi da murfi, 2,772, jimla 8,316, sulusi biyunta kuwa 5,544.

Ita ma 22/7 ɗin nan da mu ke kira kullum daga hannunsa ta fito. Ya zana siffa mai gefe 6 cikin da'ira, da wata a wajenta, ya yi ta ninka gefunan, 12, 24, 48, har 96, ya matse kewayen da'ira tsakaninsu. Ya nuna cewa kewaye ya fi faɗi sau 3 da 10/71, amma bai kai sau 3 da 1/7 ba. Saboda haka in yaro ya tambaye ka, ka gaya masa 22/7 kusa ce, ta ɗan zarce kaɗan.

Ta yaya ya fara hango amsar ƙwallo? Ya bayyana wannan cikin wata wasiƙa zuwa ga Eratostinis. Cikin tunaninsa ya yayyanka ƙwallo da kon da silinda sala-sala, sirara ƙwarai, ya riƙa rataya su a sandar ma'auni, yana gwada wanda ya yi daidai da wani. Da haka ya gano ƙwallo ninki huɗu ne na kon mai gindi daidai da babbar da'irarsa, mai tsawo daidai rabin faɗinsa. A misalinmu kon ɗin nan 9,702 ne, sau 4 kuwa 38,808. Daga nan ya yi tunanin cewa ƙwallo tamkar kon guda ne wanda gindinsa shi ne dukan fatar ƙwallon, tsawonsa rabin faɗi. In haka ne, lalle fatar ta zama ninki huɗu na babbar da'ira. Amma bai yarda wannan ya isa hujja ba. Sai da ya koma ya kafa hujja daki-daki, irin wadda ba mai iya rushewa, sa'an nan ya fitar da ita ga jama'a.

Ba ya kuma ƙaunar mai ƙaryar sani. Cikin tambayoyin da ya aika Iskandariya ya taɓa cusa guda biyu waɗanda ba daidai ba ne, da gangan, domin a kama waɗanda kan ce su ma sun gano abu alhali ba su da hujja. Ni dai wannan ya kan sa in yi tunanin mu malamai. Wanda ya haddace ƙa'ida bai san tushenta ba, in littafi ya yi kuskuren ɗab'i haka zai koyar da kuskuren ga yara arba'in, shekara da shekaru.

Ƙarshen rayuwarsa ya faɗo cikin yaƙin Rumawa da mutanen Kartaj, birnin da kufansa ke ƙasar Tunisiya yanzu. Bayan mutuwar Hiyero, Sirakus ta juya wa Rum baya ta bi Kartaj, sai Rumawa su ka turo sarkin yaƙinsu Marsilus ya kewaye birnin ta tudu da ta ruwa. A nan tsoho ya nuna dabara ta fi ƙarfi. Ya shirya majajjawa manya da ƙanana, masu jifa nesa da masu jifa kusa, da wasu ƙugiyoyi na ƙarfe da a ke sakowa daga kan ganuwa su cafki goshin jirgi su ɗaga shi su sake. Har ta kai Rumawa in sun hangi igiya ko gungume ya leƙo ta kan ganuwa sai su watse. Marsilus ya bar farmaki ya koma zaman jira. Cikin shekara ta 212, a daren wani biki da mutanen gari su ka shagala, sojojinsa su ka hau ganuwa. Ya yi umurni kada a taɓa Arkimidis, amma wani soja ya tarar da tsoho ya duƙufa kan zanensa, ya ce ya tashi ya bi shi, shi kuwa ya nemi a bar shi ya gama. Soja ya fusata ya sare shi. Yana da shekara wajen 75. Marsilus ya yi baƙin ciki, ya girmama danginsa.

Tun yana da rai ya roƙi 'yan'uwansa su sa siffar ƙwallo cikin silinda a kan kabarinsa, aka kuwa cika masa. Amma a shekara ta 75, watau bayan shekara 137, da Sisero ya zo aikin gwamnati Sisiliya ya nemi kabarin, sai ya tarar mutanen Sirakus ba su ma san da shi ba. Ya bi maƙabarta har ya hangi wani ɗan ginshiƙi cikin sarƙaƙiya da ƙwallo da silinda a kansa, ya sa aka zo da lauje aka share wurin. Baƙo ne ya nuna wa 'yan gari kabarin babban mutuminsu.

Littattafansa ma da ƙyar su ka tsira. Malaman Bagadaza, irin su Sabitu ibn Ƙurra wanda ya rasu a 901, sun yi aikin mayar da su Larabci. Wasiƙarsa ta ma'auni kuwa ɓacewa ta yi. An kwafe ta a kan fata cikin ƙarni na 10, cikin ƙarni na 13 wani ya kankare rubutun ya rubuta addu'o'in coci a kai. Sai a 1906 wani malami ɗan ƙasar Danmak, Haibag, ya gane tsohon rubutun a Santambul. A 1998 an sayar da littafin a gwanjo a Amurka kan dala miliyan 2, daga baya masana su ka haska shi da na'urori su ka karanta wuraren da ido ba ya gani. A yau hotonsa ne a kan lambar girma ta Fields, wadda a ke ba gwanayen lissafi na duniya.

To, 'yan'uwa, ga roƙona. Ran da za ka koyar da babin nan, je aji da gwangwani, da kwali, da yashi, da lemo. Naɗe kwali ya zama kon mai baki da tsawo daidai da gwangwani, bar yaro ya ɗebo yashi ya juye, su ƙirga da bakinsu har sau uku gwangwani ya cika. Raba lemo biyu, zana bakinsa sau huɗu a takarda, a ɓare ɓawon ƙanana-ƙanana a jera, su ga ya rufe da'ira huɗu. Gani ya kori ji. Sa'an nan ka rubuta ƙa'ida a allo, ka kuma gaya musu sunan mai ita, kada ta yi zaman kabarinsa cikin ƙaya.