Kiliyofatra, sarauniyar Masar

Masu kallon silima da bidiyo da yawa sun san sunan Kiliyofatra. A shekarar 1963 Amurkawa suka yi babban fim a kanta, mai tsawon awa 4. Elizabet Telo ce ta fito a matsayinta, cikin zinariya da kwalli. Wanda ya kalla sai ya ce da kyan fuska ta ci sarauta. To, ba haka ba ne.

An haife ta a Iskandariya, shekara 69 kafin haihuwar Annabi Isa. Kakanninta Girkawa ne. Sun yi kusan shekara 300 suna mulkin Masar, amma ba su damu da harshen talakawansu ba. Ita ce ta fara koyonsa a gidansu. An ce tana jin harsuna da yawa, har ba ta cika neman tafinta ba. Hotonta yana nan bisa tsoffin kuɗin ƙarfe: mace ce mai dogon hanci da tsinin haɓa, ba irin ta fim ba.

Tana da shekara 18 ubanta ya rasu. Aka naɗa ta tare da ƙanenta, amma fadawan yaron suka kore ta daga gari.

Lokacin nan Rum ce mai ƙarfi, kuma idonta yana kan alkamar Masar. Da Yuliyus Kaisar, shugaban yaƙin Rum, ya sauka Iskandariya, sai ta yi dabara. Wai cikin buhun shimfiɗa aka naɗe ta, wani baranta ya ɗauko ta, ya wuce masu gadi, ya ajiye ta gaban Kaisar. Masu fim sun mai da buhun darduma. Kaisar ya mayar da ita bisa gadon sarauta, ta haifa masa ɗa.

Bayan an kashe Kaisar ta haɗa kai da Antoniyo, wani babban sojan Rum, suka haifi ƴaƴa 3. Da haka ta riƙe ƙasarta wajen shekara 21, Rum ba ta haɗiye ta ba.

Daga baya Oktabiyo ya ci su da yaƙi a teku. Ya so ya kai ta Rum a zagaya gari da ita, jama'a na kallo. Ta ƙi wannan wulaƙanci, ta kashe kanta tana da shekara 39. Wasu sun ce da saran maciji, wasu sun ce da guba. Oktabiyo ya sa aka kashe ɗan da ta haifa wa Kaisar, Masar ta koma lardin Rum.