Práxedis Guerrero, Ɗan Masu Gandu Da Ya Juya Wa Gadon Gidansu Baya

An haifi Práxedis Guerrero ranar 28 ga Agusta, 1882, a gandun mahaifinsa da ke Los Altos de Ibarra, cikin jihar Guanajuato ta ƙasar Meziko. Zamanin Janar Porfirio Díaz ne, lokacin da filayen noma suka tattaru a hannun tsirarun attajirai, talakawan karkara kuwa bashi ya ɗaure su a gandaye, har ɗa kan gaji bashin ubansa. Guerrero ya tashi ne a gidan masu bin bashi, ba a gidan waɗanda ake bi ba. Ya yi karatu, ya kuma zama ƙaramin hafsa a rundunar sojin ko-ta-kwana, amma ya ajiye muƙamin a 1903, bayan an buɗe wa masu zanga-zanga wuta a birnin Monterrey.

A 1904 ya tsallaka zuwa Amurka tare da abokinsa na ƙuruciya, Francisco Manrique. Can ya yi leburanci, har ya sauka a Morenci ta jihar Arizona, garin haƙar tagulla, inda ya kafa ƙungiyar ma'aikata 'yan ƙasarsu. A nan ne ya shiga jam'iyyar 'yan adawa ta PLM, wadda Ricardo Flores Magón ke jagoranta daga gudun hijira. Sunan jam'iyyar na masu sassaucin ra'ayi ne, amma jagororinta sun riga sun karkata ga aƙidar da ke ƙin kowace irin hukuma da mallakar ƙasa a hannun mutum guda. Da mahaifinsa ya rasu, Guerrero ya ƙi karɓar rabonsa na gado. Masu wa'azin daidaito suna da yawa a kowane zamani, amma waɗanda ke fara aiki da shi a kan dukiyarsu ba su cika yawa ba.

Da aka tsare Flores Magón a Amurka a 1907, nauyin tafiyar ya koma wuyan Guerrero. Ya riƙe alƙalami da bindiga lokaci guda. A 1908 ya jagoranci 'yan tsirarun mutane suka kai hari garin Palomas na kan iyaka. Harin bai yi nasara ba, Manrique ya rasa ransa. Shekara ta gaba ya buɗe jaridar Punto Rojo a El Paso, ana kuma satar shiga da ita Meziko.

A Nuwamban 1910 Francisco Madero ya yi kiran tawaye. Guerrero bai yarda ya shiga ƙarƙashinsa ba, domin Madero sauya shugaba yake nema, shi kuwa ƙasar noma yake son ta koma hannun masu nomanta. A Disamba ya ƙetara iyaka da mutane kaɗan, suka ƙwace jirgin ƙasa, suka lalata gadojin layin dogo don hana sojoji isowa. Daren 29 ga wata suka afka wa garin Janos a jihar Chihuahua, suka ci shi. Kafin gari ya waye, ranar 30 ga Disamba, harsashi ya same shi a kai. Shekararsa 28.

Wata biyar bayan haka Díaz ya yi murabus ya tafi Faransa, daga baya kuma mulki ya faɗa hannun Madero. A yau akwai ƙaramar hukuma a Chihuahua, daf da iyakar Amurka, mai ɗauke da sunan Guerrero, mutumin da ya mutu yana yaƙi da hukuma.