Janar Dodds, ɗan Sanlu da ya ci Dahome

A watan Fabrairun 2022 na tsallaka gada daga Akpakpa na bi layi a fadar Marina, don in ga kayan sarautar Abomey guda 26 da Faransa ta dawo da su a Nuwamban 2021. Mutumin da ya kwashe su shi ne Alfred-Amédée Dodds.

An haife shi a 1842 a Sanlu ta ƙasar Senegal. Ruwa biyu ne, akwai jinin Afirka a jikinsa, abin da mutanenmu da yawa kan yi mamaki idan na faɗa musu. Ya yi makarantar hafsoshi ta Saint-Cyr, ya shiga sojan ƙasa na rundunar ruwa, waɗanda ake turawa ƙasashen mallaka. A yaƙin Faransa da Jamus na 1870 ya fafata a Bazeilles, aka kama shi, ya gudu. Daga nan sai yawo: Senegal, Kocincina, Tonkin.

Amma abin da ya shafe mu shi ne 1892. Rigimar Kwatano ɗin nan da muke zaune ciki da ta Porto-Novo ce ta haɗa Faransa da Sarki Behanzin. Dodds, lokacin yana kanar, ya bi kogin Ouémé ya yi arewa. A Dogba, ranar 19 ga Satumba, mayaƙan Dahome suka far masa da asuba, kwamanda Faurax ya rasa ransa. Makonni ana gwabzawa, har da matan nan mayaƙa, Agojie. A Nuwamba aka ɗaga shi zuwa janar, ya shiga Abomey ranar 17 ga wata, ya tarar Behanzin ya cinna wa fada wuta ya fice. Sai a Janairun 1894 sarkin ya miƙa kansa, aka kai shi Martinique.

To, ga inda abin ke ci mini rai. Cikin dakarunsa akwai waɗanda Faransawa ke kira tirayar Hausawa. Ba duka ne Hausawa ba, sunan dai aka yi musu kuɗin goro, amma da sunanmu aka shiga garin. Ina tsaye gaban karagar Sarki Ghezo wannan tunani ya zo mini, ban ce wa kowa komai ba.

Daga baya Dodds ya shugabanci sojojin Faransa a Indocina, ya mutu a Paris a 1922.